Ginin Caina na cikin fim da ginin Caina na gaske

Malam Edita, assalamu alaikum, ina gaisuwa da fatan kai da ma'aikatanka kuna lafiya. Don Allah a ba ni ɗan fili in yi magana a kan abin da ya daɗe yana ci mini rai, wato yadda finafinai suke nuna tsofaffin gine-ginen Caina, fadoji da ganuwa da gidajen ibada, domin yanzu a nan zangon Kumasi daga Aboabo har Asawase har Sabon Zango da wuya ka shiga gida da dare ba ka tarar da yaro ko uwargida da waya a hannu ana kallon fim ɗin Caina mai fassarar Hausa ba, kuma yaranmu duk abin da suka sani na tarihin ƙasar nan daga wayar suka ɗauko shi.

Ni kafinta ne, rufi da ƙofa da taga su ne abincina, saboda haka idan ana faɗa a fim mutane suna kallon takobi ni idona yana kan ginshiƙi da bakin rufi. Tun zamanin gidajen bidiyo da muke biyan kuɗi mu zauna kan benci, ga fosta an zana da fenti a bayan buhun fulawa an rataye a ƙofa, haka nake. Abin da na lura da shi kuwa shi ne ginin Caina a fim ba ya tsufa. Fenti ja wur kamar jiya aka shafa, rufi yana ƙyalli, babu tsagewa, babu inda gara ta taɓa, babu magini ko ɗaya a kan tsani yana gyara. Duk wanda ya taɓa riƙe zarto ya san babu katakon da yake zama haka, kuma wallahi abin da aka cire ɗin nan shi ne ainihin abin burgewa a ginin mutanen nan.

Da farko dai ya kamata mutane su sani cewa yawancin fadojin da muke gani ba su ne na gaske ba. Akwai wani gari a lardin Zhejiang ana ce masa Hengdian, a 1996 aka fara gina titin kwaikwayo a wurin saboda wani fim na yaƙin da Ingila ta yi da Caina a kan cinikin ƙwaya, daga nan abu ya yi ta girma, aka gina fadar sarkin Qin, aka gina kwafin babbar fadar Beijing da ƙofofinta da filayenta, har ya zama ɗaya daga cikin manyan wuraren shirya fim a duniya. To shi ya sa za ka ga fim ɗin sarki kaza na shekara dubu da ta wuce da fim ɗin sarki kaza na shekara ɗari uku da ta wuce duk matakala ɗaya suke hawa, zaure ɗaya suke zama, tuta kawai aka canja. Kafin wannan ma finafinan kunfu da muka tashi da su na Shaw Brothers a Hong Kong yawanci cikin sutudiyo ake yin su, sararin sama ma zana shi ake yi a bango. Ban ce laifi ba ne a gina wurin ɗaukar fim, sana'a ce kuma akwai kafintoci irina da suke ci da ita, amma mai kallo ya san me yake kallo.

Fadar Qin ɗin ma babu wanda yake raye da ya taɓa ganin irinta. Sarki Qin Shi Huang ya haɗe ƙasar a shekara ta 221 kafin haihuwar Annabi Isa alaihis salam, bayan mutuwarsa da ƴan shekaru aka ƙone babban birninsa Xianyang, abin da ya rage yau tuddan ƙasa ne da aka daddaɓe aka yi harsashi da su. Duk wancan baƙin zaure mai faɗi da ake nunawa, sarki can nesa a kan karaga, tunanin mai tsara fim ne ya ɗora a kan harsashin.

Bari in zo kan katako, nan ne zuciyata take. Babbar fadar Beijing wadda talaka ba ya shiga a da, an gina ta daga 1406 zuwa 1420 a zamanin sarki Yongle na daular Ming, sarakuna 24 suka zauna a ciki, gine-gine 980 ne a wurin. Abin da fim ba ya gaya maka shi ne bangon zauren ba shi yake ɗauke da rufi ba. Ginshiƙan itace ne suke ɗauka, kowanne an tsayar da shi a kan dutse ba a binne shi a ƙasa ba don kada danshi ya ci gindinsa, sannan a kan ginshiƙin akwai wasu guntayen katako da suke kira dougong, an sassaƙa kowanne da tsagi, wannan ya shige cikin wancan, a ɗora wani a gicciye, a sake ɗora wani wanda ya fi shi tsawo, hawa hawa suna miƙewa waje har su tallafi bakin rufin da ya fito nesa da bango. Nauyin tayil ɗin sama shi yake danne su su kama juna. Idan ƙasa ta girgiza sai haɗin ya ɗan motsa ya koma, ba ya karyewa kamar abin da aka ɗaure tamau. Na taɓa ɗaukar ragowar katakon odum a shago na gwada yanka hawa biyu na irin haɗin nan daga hoton da na gani, tsagin in ya yi faɗi da kaurin farce sai ya yi ta rawa, in ya matse ka buga da guduma sai katakon ya tsage ta bin jijiyarsa, sai na tuna mutanen nan sun yanka dubbai da hannu babu inji kuma kowanne ya zauna daidai. A fim fa? Kyamara tana wuce wurin a sakan ɗaya, jarumi ya taka ya haye rufi, tayil ya farfashe a ƙarƙashin ƙafarsa, an wuce.

Kuma itace wuta take so. Fadar nan ko shekara ba ta cika da buɗewa ba a 1421 tsawa ta faɗa wa manyan zaurukanta uku suka ƙone ƙurmus, an sake ginawa an sake ƙonewa, babban zauren da yake tsaye yau na 1695 ne. Shi ya sa a tsakar fadar akwai manya manyan randunan ƙarfe da tagulla na ajiye ruwa, da sanyi ya shigo sai a hura wuta a ƙarƙashinsu kada ruwan ya daskare. Ka ga akwai mutanen da aikinsu ke nan kullum, cika randa da hura wuta. Gumaguman itacen daga dazukan kudu maso yamma aka saro su aka biyo da su ta koguna da hanyar ruwa da aka haƙa, tafiyar shekaru, manyan duwatsu kuma da hunturu ake zuba ruwa a hanya ya zama ƙanƙara a ja su a kai. Yanzu don Allah wannan bai isa fim ba? Amma kullum sarki da matansa da makircin fada da guba a cikin shayi.

In yi adalci, akwai fim ɗin The Last Emperor na 1987 wanda gwamnatin Caina ta bari aka shiga fadar ta gaske da kyamara, labarin Puyi ne sarkinsu na ƙarshe wanda aka fitar daga fadar a 1924. A nan kam za ka ga dutsen tsakar gida ya ci ƙafa, jan bango ya ɗan koɗe, ka ga dokin ƙofa mai tsawo da sai an ɗaga ƙafa ake tsallakewa, ka ji girman wurin yana danne yaro ƙarami. Ko wanda bai san gini ba in ya kalli wannan ya kalli na Hengdian zai ji bambanci a jikinsa.

Tsofaffin gine-ginen katako na sosai ma ba a Beijing suke ba, suna can lardin Shanxi a ƙauyuka da tsaunuka. Akwai zauren Nanchan na shekarar 782, akwai na Foguang na 857 wanda wani masanin gini Liang Sicheng da matarsa Lin Huiyin suka gano shekarunsa a 1937 bayan sun hau cikin rufin sun duba rubutun da ke jikin katako, akwai hasumiyar katako ta Yingxian ta 1056 mai tsawon mita 67, ta sha girgizar ƙasa da harsashin yaƙi, yanzu ta ɗan karkata amma tana tsaye. Waɗannan ba su da zinariya, launinsu na tsohon itace ne da ƙasa, ƙila shi ya sa masu fim ba sa waiwayarsu.

Ganuwa kuma ita ce aka fi yi wa ƙarya. Kowa a zango in ka ce ganuwar Caina abin da yake zuwa masa shi ne doguwar katanga ta dutse da bulo mai faɗi tana hawa tsauni, soja suna gudu a kai. Wannan yanki ne na kusa da Beijing irin su Badaling, ginin daular Ming ne wadda ta yi mulki daga 1368 zuwa 1644, kuma an yi masa gyara sosai saboda masu yawon buɗe ido. Awon da gwamnatinsu ta fitar a 2012 ya ce duka ganuwoyin in an haɗa kilomita 21,196 ne, kuma ba katanga ɗaya ba ce, katangu ne da yawa na zamani daban daban, wasu ma ba su haɗu da juna ba. Can yamma wajen Gansu ƙasa ce zalla, a kafa falanki dama da hagu a zuba ƙasa a tsakiya a daddaɓe har ta yi tauri, a ɗaga falankin sama a sake zubawa, wani wurin ma kusa da Dunhuang kara ake shimfiɗawa a zuba tsakuwa a sake shimfiɗa kara. Inda aka yi da bulo kuma akwai wuraren da suka dama ruwan shinkafa mai danƙo da farar ƙasa suka yi kwaɓin da ya riƙe har yau. Fim ɗin The Great Wall na 2016 wanda Zhang Yimou ya shirya da Matt Damon a ciki, labarin zamanin daular Song ne amma ganuwar siffar ta Ming ce wadda aka yi ɗaruruwan shekaru bayan nan, kuma kwamfuta ce ta ƙara mata tsawo da injuna da wuƙaƙe masu fitowa daga bango don yaƙar dodanni. Ita kuwa ta gaske tana zaizayewa, manoma sun daɗe suna kwasar bulonta suna gina gida da garke, a 2023 ma an kama mutum biyu a Shanxi sun fasa ta da motar haƙa don su gajarta hanya zuwa wurin aiki. Duk wanda ya ga halin da ganuwar Kano take ciki zai gane wannan ciwon. Batun cewa ana hango ganuwar Caina daga duniyar wata kuma a bar shi, ɗan sama jannatinsu na farko Yang Liwei da ya dawo daga kewaya duniya a 2003 ya ce ko daga can bai gan ta ba.

Me ya sa na damu har na zauna rubutu? Saboda yaran da suke koyon aiki a hannuna sun ɗauka duk ƙasar da ta yi girma da dutse da tayil mai ƙyalli ta yi shi, ginin ƙasa kuma alamar talauci ne. Na ji da kunnena wani yana cewa mu baƙar fata laka kawai muka iya. Alhali masallacin Larabanga na arewa da tsofaffin ɗakunan Tonawa irin na Besease kusa da Ejisu (su ɗakunan ne UNESCO ta sa a jerinta tun 1980), dabara ɗaya ce da abin da Sinawa suka yi a rabin ƙasarsu, ƙasa da itace da gyara a kai a kai. Dubi gidajen tulou na lardin Fujian, zagayayyun gidaje na ƙasa hawa uku hawa huɗu, ƙofa ɗaya, dangi guda ɗaruruwan mutane a ciki, rijiya a tsakar gida, ƙasa kicin sama rumbu can sama ɗakin kwana, a 2008 UNESCO ta ɗauki 46 daga cikinsu. Da Disney suka yi Mulan a 2020 sai suka ɗauki gidan nan suka ce nan ne gidan yarinyar, alhali labarinta na arewacin Caina ne zamanin daular Wei ta Arewa wajen shekara 1,500 da suka wuce, tulou kuma na kudu ne can nesa kuma sai bayan ɗaruruwan shekaru aka fara gina su. Kamar ka yi fim ɗin sarauniya Amina ta Zazzau ka zaunar da ita a gidan bene na Adum. Sinawa da kansu sun yi ta ƙorafi a intanet, mu kuwa a nan muka kalla muka ce kai gidan nan ya yi kyau.

Haka Shaolin. Gidan ibadar nan yana nan da gaske a lardin Henan tun shekarar 495, amma a 1928 wani shugaban mayaƙa Shi Yousan ya banka masa wuta manyan zaurukansa suka tafi. Lokacin da Jet Li ya yi fim ɗinsa na 1982 a wurin kango ne rabi da rabi da tsirarun tsofaffi a ciki, fim ɗin ne ya jawo jama'a da kuɗi aka sake gina wurare da yawa. Wato a nan fim bai tsaya nuna gini ba, shi ya tayar da shi, kuma wannan alheri ne ban musa ba, sai dai an gina shi yana kallon abin da baƙo yake sa ran gani. Su mutum-mutumin sojan Xi'an da manoma masu haƙa rijiya suka tono a 1974, wajen 8,000, Amurkawa a fim sun mai da su aljanu masu tashi su yi yaƙi, ba a faɗin cewa asali da fenti kala kala suke kuma akwai masu sana'ar da suka buga sunansu a jikin abin da suka ƙera, kamar yadda bulon ganuwar Nanjing yake ɗauke da sunan wanda ya gasa shi da jami'in da ya duba, in ya lalace a san wa za a kama.

Akwai kuma ginin da fim ya fi so a manta da shi kuma ya shafe mu a nan Kumasi kai tsaye. A watan Oktoba na 1860 sojojin Ingila da Faransa suka wawashe Yuanmingyuan, lambun fadar sarki a wajen Beijing, sannan Lord Elgin wakilin Ingila ya ba da umarni a ƙone shi, ya ce ramuwa ce a kan mutanensu da aka kama aka azabtar wasu suka mutu. Ɗaruruwan gine-ginen katako suka zama toka. Hoton kangon da ake nunawa yau na ginshiƙan dutse masu ado irin na Turai, ɗan ɓangare ne da limaman Kirista na Turai suka tsara wa sarki, shi ya tsira domin dutse ne, asalin na Sinawan kusan babu abin da ya rage da za a ɗauka hoto. A cikin hafsoshin da suke wurin akwai wani Garnet Wolseley. Shi ɗin dai, wanda Tonawa suke kiran yaƙinsa Sagrenti, shi ya shigo Kumasi a watan Fabrairu na 1874 zamanin Asantehene Kofi Karikari, aka kwashe zinariyar fada, aka fasa gidan dutse na sarki da albarushi, aka sa wa gari wuta. Kuma in za a faɗi gaskiya a faɗe ta duka, a wannan yaƙin akwai sojojin Hausawa a ɓangaren Turawa ƙarƙashin wani hafsan Ingila Glover. Mutum ɗaya ya tsaya a kan toka biyu, ta Beijing da ta garin da nake zaune, shekara 14 tsakani. A 2024 muka yi layi a fadar Manhyia muna kallon kayan zinariya da azurfa 32 na fadar Tonawa da gidajen tarihi biyu na Landan suka kawo, aro ma suka ce ba kyauta ba, su ma Sinawa har yau suna bin kawunan dabbobi 12 na tagulla da aka cire daga maɓuɓɓugar lambun nan, biyu daga ciki ɓera da zomo sai 2013 suka koma gida daga Faransa, wasu har yanzu babu labarinsu. Jackie Chan ya yi fim a kan kawunan nan a 2012, yaranmu sun kalla sun yi ta dariyar tsalle tsallen, babu wanda ya gaya musu labarin gidansu ne ake ba su da wani harshe. A Hengdian kuma an gina sabon Yuanmingyuan ɗungurungum an buɗe a 2015, Sinawa da yawa ba su ji daɗi ba, suka ce kangon shi ne shaida, in ka gina sabo mai kyau kamar ka share laifin ne, ni ma ra'ayina ke nan.

Abu na ƙarshe da yake ba ni takaici a matsayina na Musulmi, ban taɓa cin karo da masallaci a finafinan nan na sarakuna ba, sai ka ɗauka babu Musulmi a ƙasar sai jiya. Ga babban masallacin Xi'an mai tsakar gida bayan tsakar gida, rufinsa mai lanƙwasa irin nasu, dougong a ƙarƙashi, ayoyin Alƙur'ani an sassaƙa a katakon bango, ga na Niujie a Beijing tun 996, ga Huaisheng a Guangzhou da doguwar hasumiyarsa, garin da ƴan kasuwarmu na Kejetia da Alabar da na Nima a Ankara suke zuwa sarin kaya kullum.

Roƙona gare ka Malam Edita guda biyu ne. Ku ɗan ware shafi ko sau ɗaya a wata, a ɗauki fim ɗaya da jama'a suke kallo a sa hoton ginin da ke cikinsa kusa da hoton na gaske da shekarar da aka gina shi da abin da aka gina shi da shi, da Hausa yadda uwargida da ɗan koyo za su karanta. Su kuma ƴan uwa masu fassara finafinan nan, tunda kuna da bakin magana a kan hoton, ba zai rage muku komai ba in kun ce jama'a wannan fadar ta kwaikwayo ce ta gaske tana wuri kaza. Sannan alhazanmu masu zuwa Guangzhou, don Allah in kun je Juma'a a Huaisheng ku ɗaga waya sama ku ɗauko mana hoton ƙarƙashin rufin daga kusa, inda katako ya shiga katako, ku aiko wa jaridar nan a buga, ina so in nuna wa yaran shagona.

Na gode, Allah ya ƙara wa jarida albarka.

Naku,
Wani kafinta daga Aboabo, Kumasi